Fantasy Calendar: Akawu ne na gaske, amma bai san sama ba

Duk marubucin da ya ƙirƙiro duniyarsa, ya kafa mata masarautu da kasuwanni da fagagen yaƙi, akwai ranar da lissafin kwanaki zai kama shi. A babi na 3 an ce runduna ta tashi a daren da wata ya cika, tafiyar kwana 12 ce, a babi na 5 sun isa ƙofar gari, kuma ga farin wata fes har ana ganin allura a ƙasa. Mai karatun da ya taso yana duban jinjirin wata duk ƙarshen Sha'aban ba zai bari wannan ta wuce shi ba. Irin wannan ramin ne shafin Fantasy Calendar ya zo cikewa. Manhaja ce ta intanet da ake gina wa duniyar almara kalandarta a ciki: tsawon shekara, yawan watanni, ranakun mako, watannin da ke sama ko da sun kai uku, yanayin shekara da bukukuwa. Masu wasannin almara na tebur ne suka fi amfani da ita, amma marubucin labarin yaƙi ko na duniyar aljanu zai ci moriyarta daidai da su.

Hukuncin a gajarce shi ne: wajen riƙe lissafi ba ta da wasa, abin da ka ba ta shi za ta ƙirga maka har shekara dubu ba tare da ta ɓatar da kwana ɗaya ba. Sai dai ba ta san sama ba. Wata a wurinta lamba ce da ke zagayawa tana dawowa, babu falakin da yake bi, babu karkata, babu inuwa. Lissafin taurarin kai za ka yi a takarda kafin ka buɗe shafin. A burauza take aiki, da Turanci aka rubuta komai na cikinta, sai an yi rajista ake iya adana aiki, kuma ana farawa kyauta, akwai kuma tsarin biya ga mai son ƙari. Sunayen watanni da na ranaku kai ke rubutawa, don haka ba abin da ya hana su zama na Hausa. Gina kalandar ya fi daɗi a kwamfuta saboda yawan gurabun cikewa, waya ta fi dacewa da dubawa.

Don a ga inda take da ƙarfi da inda take barin mutum shi kaɗai, bari mu ɗauki duniya guda mu bi ta. Shekararta kwana 388.3 ce. Tana da wata biyu a sama, babba mai zagayen kwana 32 daga jinjiri zuwa jinjiri, da ƙarami mai kwana 12.

Kwana 32 sau 12 ya ba da 384, saura 4.3. Hanya mafi sauƙi ita ce wata 12 masu kwana 32, sai kwana 4 na rara da ba sa cikin kowane wata. Manhajar ta tanadi gurbin irin waɗannan kwanaki na tsakani, kuma ba sabon abu ba ne: Misirawan zamanin da suna da wata 12 masu kwana 30 da kwana 5 a ƙarshe, Habasha har yau tana da ɗan gajeren wata na 13, Pagume, mai kwana 5 ko 6. Idan aka yi mako mai kwana 8, kowane wata zai zama mako 4 cif. A nan akwai wani maɓalli da mutane ke tsallakewa, wanda ke tantance ko mako zai ci gaba da gudana daga wannan wata zuwa wancan, ko kuwa kowane wata zai fara da ranar farko ta mako. In ka zaɓi na biyu, ranar kasuwa za ta riƙa faɗowa a kwanan wata iri ɗaya har abada, abin da ke sauƙaƙa wa marubuci aiki ƙwarai. In ka zaɓi na farko, kalandar za ta fi kama da tamu, inda ba ka sanin ranar da 1 ga wata za ta kama sai ka duba.

Sai 0.3 ɗin da ya rage, kuma a nan ne manhajar ta fi burgewa. Ƙa'idar ranar ƙari ana rubuta ta ne da lambobi a layi ɗaya. Ta kalandar Miladiyya haka take: 400,!100,4. Ma'anarta a ƙara kwana duk shekara 4, ban da shekarun da 100 ke rabawa, sai dai in 400 ma ta raba su. Alamar motsin rai ɗin nan ita ce "ban da". Wannan ke ba da ranar ƙari 97 a shekara 400, matsakaicin shekara ya zama 365.2425. A duniyarmu ta misali, ƙara kwana duk shekara 3 zai ba da 0.333, ya zarce abin da ake nema. Kuskuren kwana 1 ne a shekara 30, kamar ba komai ba, amma a tarihin daula mai shekara 1000 ya zama kwana 33, wata guda da ɗoriya, bikin shuka ya bar farkon damina ya shige cikinta. Ciwon da ya kama kalandar Juliyas ta Rumawa ke nan, mai zarcewa da kwana 1 a kusan shekara 128, har sai da Fafaroma Gregory na 13 ya sa aka tsallake kwana 10 a Oktoban 1582, aka kwana 4 ga wata aka tashi 15. Maganin namu shi ne a rubuta !30,3. Ranar ƙari 9 ke nan a shekara 30, wato 0.3 daidai.

Ba kullum ragowar ke zuwa da sauƙi haka ba. Dabarar ita ce ka riƙa ninka ta da 1, 2, 3 har ka kai lambar da sakamakonta ya kusa zama cikakke. Ragowar shekararmu ta gaske 0.2422 ce, in aka ninka da 33 ana samun 7.993, shi ya sa ranar ƙari 8 a shekara 33 ta fi tsarin Miladiyya kusa da gaskiya. Idan kuma shekarun ƙarin ba su jeru da tazara ɗaya ba, sai a shigar da su ɗaya bayan ɗaya, kowace da tazararta da shekarar da za ta fara. Kalandar Hijira ta lissafi misali ce: shekara 11 cikin 30 ake ƙara wa Zulhajji kwana, a ta 2, 5, 7, 10, 13, 16, 18, 21, 24, 26 da 29. Shigarwa 11 ke nan, kowace da tazarar 30. Akwai gajiya, amma tana fita daidai, kwana 10,631 a zagaye.

Gurbin wata na sama lamba biyu yake nema da gaske: tsawon zagaye da kuma kwana nawa za a gusa farkonsa. Kuskure biyu ake yi a nan. Na farko shi ne rikita lokacin da wata ke kewaye duniya da lokacin da yake ɗauka daga jinjiri zuwa jinjiri. Watanmu na gaske yana gama kewaye a kwana 27.32, amma sai kwana 29.53 yake dawowa jinjiri, domin duniyar ma ta gusa a kan hanyarta ta kewaye rana. Na biyun manhajar ke so. Wanda ya fara da lokacin kewaye sai ya juya shi: 1 a raba da lokacin kewaye, a cire 1 a raba da tsawon shekara, sannan a raba 1 da abin da ya fito. A duniyar misalinmu, watan da ke nuna kwana 32 yana kewayensa ne a kwana 29.56, wanda ya shigar da wannan lambar zai riƙa yin kuskuren kusan kwana biyu da rabi duk wata. Kuskure na biyu yanke ɗigo ne. Rubuta 29.5 a maimakon 29.53059 yana jawo gocewar kwana 1 duk wata 33, a shekara 100 ta kai kwana 38. Gurbin yana karɓar lambobin bayan ɗigo, a cika su.

Yanzu ga inda gizo ke saƙa. An yi wata mai kwana 32 a takarda, an yi wata mai kwana 32 a sama, sai mutum ya ɗauka 1 ga wata za ta riƙa zuwa da jinjiri kullum. Shekarar farko kaɗai hakan ke faruwa. Kwanakin rara 4 ɗin nan suna ture takarda gaba, wata kuwa ba ya jiran kowa. A shekara ta 2 jinjiri zai tsaya 29 ga wata, a ta 3 ya koma 25, haka zai yi ta ja da baya sai bayan shekara 7 da kusan rabi ya dawo inda ya fara. Manhajar ba za ta gargaɗe ka ba, za ta zana maka shi yadda ka ce kawai. Wanda ya san yadda azumi ke ja baya da kusan kwana 11 duk shekara, ya zagaye damina da hunturu da bazara a shekara 33, ya riga ya san wannan ciwon, sai dai a nan ta ɗaya ɓangaren ya ɓullo.

Zaɓi uku ne, kuma kowanne yana faɗin wani abu game da mutanen duniyar. Ko su bi rana su ƙyale wata ya yi yawonsa. Ko su bi wata zalla, shekara ta zama kwana 384, damina ta riƙa gusawa da kwana 4.3. Ko su riƙe duka biyun ta hanyar ƙara wata sukutum lokaci zuwa lokaci, kamar yadda kalandar Yahudawa ke ƙara wata 7 a shekara 19, saboda wata 235 ya yi daidai da shekara 19 in ban da 'yan awanni. A duniyarmu ta misali, shekara 15 kwana 5,824.5 ce, wata 182 kuma kwana 5,824. Saboda haka wata 2 na ƙari a shekara 15 sun wadatar, gocewar rabin kwana ce kacal, sai an yi shekara 960 kafin ta taru ta kai wata guda. Manhajar tana barin a sa wa wata tazarar shekaru, don haka ana shigar da watan ƙari biyu, kowanne duk shekara 15, ɗaya a shekara ta 7 ɗaya a ta 15, a goge kwanakin rara da ranar ƙari gaba ɗaya. A ganinmu wannan tsarin ya fi ba labari nama, domin dole a sami wanda ke da ikon shelar watan ƙari, kuma mai wannan ikon yana iya tsawaita wa'adin haraji ko na sarauta.

Wata biyu a sama shi ne abin da ke jan yawancin mutane zuwa irin wannan manhaja, kuma shi ne ya fi yaudara. Kwana 32 da kwana 12 suna haɗuwa a 96, don haka duk kwana 96 tsarin ke maimaita kansa. Marubuci ya shirya babban biki a daren da duka biyun suka cika, ya bar gusawarsu a sifili, ya bi kalanda shekara bayan shekara, daren bai zo ba. Ba zai taɓa zuwa ba. In sun fara a duhu tare, babba yana cika a kwana na 16, 48 da 80, ƙarami a na 6, 18, 30, 42, 54, 66, 78 da 90. Babu inda suka haɗu. A kwana na 48 da babba ke tsakiyar haskensa, ƙaramin yana cikin duhu. Sai an gusa ƙaramin da kwana 2, ya riƙa cika a na 8, 20, 32 har zuwa 80, sannan a sami daren. Amma an sayi wannan da wancan: daga nan ba za a sake samun daren da duka biyun suka ɓace tare ba, daren da ɓarayi da mahara ke jira. Mai son duka biyun sai ya zaɓi zagayen da in aka rage su zuwa mafi ƙanƙanta duka lambobin mara ne, kamar 35 da 15, waɗanda ke komawa 7 da 3. Namu 8 da 3 ne, takwas ɗin ce ta ɓata. In kuma ana son daren ya yi wuya, a mai da ƙaramin 12.5, maimaituwar ta koma duk kwana 800.

Yanayin shekara iri biyu ake saitawa, wanda aka ɗaure da kwanan wata da wanda ke bin tsawon kwanakinsa. Duk kalandar da ke bin wata, ko mai watan ƙari, na biyun take buƙata, kuma jimillar kwanakin ta zama 388.3 cif. In aka ɗaure damina da kwanan wata, za ta riƙa bin takarda duk inda ta je, gocewar da aka sha wahalar lissafawa ta ɓace. Ba dole ba ne a tsaya kan yanayi huɗu irin na Turai masu tsawo ɗaya, ana iya yin damina doguwa, kaka gajeriya, hunturu, bazara, kowanne da kwanakinsa. Ana sa wa kowane yanayi lokacin fitowar rana da faɗuwarta, kuma nan ma a yi hattara da kwafe lambobin ƙasashen sanyi. A Landan yini yana sauka ƙasa da awa 8 a Disamba ya haura 16 a Yuni, a Kano kuwa bambancin bai kai awa ɗaya da rabi ba. Labarin da ke cikin sahara da rairayi bai kamata ya zo da magariba ta ƙarfe 4 ba.

Bukukuwa da aukuwa ana gina su da sharuɗɗa da ake haɗawa: wata kaza, ranar mako kaza, babban wata ya cika, yanayi kaza. Ana iya cewa daren farko da wata ya cika bayan shigowar kaka, manhajar ta nemo shi a kowace shekara. Wannan sashen shi ne ya biya wahalar koyonta. Amma husufi ba ya cikin abin da take lissafawa da kanta, tunda ba ta san karkatar falaki ba. A duniyarmu ta gaske hanyar wata ta karkace da kusan digiri 5, shi ya sa ba kowane wata ake husufi ba, sai a lokuta biyu na shekara da ke zuwa duk kwana 173 da 'yan awanni, kuma jerin yana maimaituwa bayan wata 223, wato shekara 18 da kwana 11 da awa 8. A duniyar ƙirƙira gara a sauƙaƙa: a ce duk duhun wata na 6, kwana 192, lambar da ta ɗan gaza rabin shekara kamar yadda tamu ta gaza. Ƙa'idar da ba a karyawa ita ce kusufin rana sai a duhun wata, husufin wata sai a daren cikarsa, don haka tsakaninsu kwana 16 ne ga babban watanmu.

Taurari ma haka. Babu taswirar sama a ciki. In mutanen labarinka suna jiran fitowar wani tauraro da asuba kafin su yi shuka, kamar yadda Misirawan zamanin da suka riƙa jiran tauraron Shi'ira kafin cikar kogin Nilu, ko yadda ake lura da ɓacewar Kaza da 'ya'yanta da dawowarta, sai ka ɗaure aukuwar da kwanan yanayi, kada ka ɗaure ta da kwanan wata. Lissafin taurari 28 da malamai ke yi wa manoma, kowanne kwana 13 in ban da Jabha mai 14, jimilla 365, yana shiga manhajar lafiya lau a matsayin kalanda ta biyu mai "wata" 28. Tauraro irin Gamzaki, mai zagayen kwana 584 wanda 5 ɗinsa ke cika shekara 8, dabarar shigar da shi ita ce a yi masa rajista a matsayin wata na uku, a ba shi launi daban.

Abu ɗaya da ba ta iyawa ko kaɗan shi ne watan gani. Al'ummar da ke jiran shaidu da sanarwar sarki kafin ta ce wata ya kama, kamar yadda ake jiran ta Sarkin Musulmi, ba ta da kalandar da za a buga tun kafin lokaci. Hazo ko hadari na iya ƙara kwana. Abin da za a yi shi ne a bar manhajar ta riƙe lissafin ciki, marubuci ya san yana da sararin kwana 1 da zai yi wasa da shi, gari biyu su yi salla a rana daban idan labari na son rigima.

A kiyaye jerin aiki: tsawon yini, shekara, watanni, mako, ranar ƙari, watannin sama, yanayi, sannan bukukuwa a ƙarshe. Dalili kuwa manhajar tana ƙirga kwanaki ne tun daga farkon zamani, kuma da wannan jimillar take fitar da siffar wata. In labarinka yana shekara ta 1200 sai ka cire "ban da 30" ɗin nan daga baya, ka ƙara wa tarihi kwana 40. A cire 32, saura 8, duk daren da ka rubuta wata ya cika ya koma rabin wata. Haka maganar ko akwai shekarar sifili ko babu, a yanke ta tun ranar farko.

Wanda ke son kalandar shekara ɗaya kawai don gajeren labari, injin kalanda na shafin donjon ya ishe shi: shafi ɗaya ne, ba rajista, ka sa lambobi ya fitar da jadawali da siffofin wata, ba ya zurfafawa a lissafin ƙari. Wanda ya iya Excel ma zai iya fitar da kwanan wata da umarnin MOD, lambar rana a raba da 32 a ɗauki ragowa. Fantasy Calendar ta mai dogon littafi ce, ko jerin littattafai masu ratsa zamanin sarakuna da yawa, ko masu rubutu tare da ke buƙatar kalanda ɗaya da kowa zai duba.

Ko da ita a hannu, akwai abin da za ka riƙe da ka, domin tana nuna siffar wata amma ba ta faɗin inda yake a sama. Jinjiri a yamma ake ganinsa bayan magariba, ya faɗi da wuri. Cikakken wata yana fitowa gabas daidai faɗuwar rana ya kwana a sama. Tsohon wata sai gab da asuba. Namu yana jinkirin fitowa da kusan minti 50 kowane dare. In yinin duniyar misalinmu awa 24 ne, babban zai riƙa jinkirin minti 45, ƙaramin kuwa awa 2 cur. Jarumin da ya ga ƙaramin ya fito da magariba ranar da ya bar gida, bayan kwana 3 sai tsakar dare zai gan shi ya leƙo.